Tambaya da Amsa: Yarona ya ce shi ma zai gudu kaman Sadio Mane

Jama'a barkanmu da warhaka. Wasiƙun wannan makon kaman an haɗa baki, duk zancen bal ne, kuma uku daga ciki sunan mutum ɗaya suke kira, toh bari mu ɗauke su tare. Ta farko ce ta fi tsaya min a rai don haka zan daɗe a kanta, sauran ku yi haƙuri.

TAMBAYA: Salamu alaikum Malam. Ni mai koko da ƙosai ce a unguwar Nima da ke Accra, Ghana, maigidana ya rasu shekara shida kenan ya bar ni da yara huɗu. Na biyun shekararsa 16 yana sakandare amma ba abin da ke kansa sai bal, da asuba yana filin Kawukudi da yamma yana Kawukudi, takalmi kuwa na gaji da saya. Watan da ya wuce wani mutum ya zo filin da mota mai kyau ya ce shi ejan ne, wai yaron na da ƙafa zai kai shi tirayal, wato gwajin bal, a Turai, amma sai mun kawo sidi dubu talatin na fasfo da biza da tikiti, kuma wai mu yi sauri kafin a rufe. Malam kuɗin adashi na ne kaɗai nake da shi, shi ma bai kai ba sai na ranto. Na ce a'a, yanzu yaron ya daina cin abincina, ya ce wai Sadio Mane ma guduwa ya yi daga gida ga shi yau ya gina wa garinsu asibiti, in na hana shi shi ma zai gudu. Ni ban san Sadio Mane ba sai a hoton da ya manna a bangon ɗaki. Dan Allah da gaske guduwa ya yi? In ba da kuɗin ko kar in bayar?
Daga wata uwa, Nima

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya jiƙan maigida ya raya abin da ya bari. Kar ki ba da ko kwabo. Wannan ita ce amsar, sauran duk bayani ne, amma ki ba yaron ya karanta bayanin da kansa don bai yi miki ƙarya ba, rabin labarin kawai ya kawo miki, rabin da ya yi masa daɗi.

An haifi Sadio Mane ran 10 ga Afrilu 1992, ya tashi a wani ƙauye da ake ce wa Bambali a yankin Sedhiou can kudancin Senegal, ɓangaren Kasamans, wurin da in za ka je Dakar sai ka ratsa Gambiya ko ka zagaye ta. Babansa limami ne, ya rasu Sadio na ɗan shekara 7, kuma shi da bakinsa ya sha faɗa cewa lokacin babu asibiti a ƙauyen, shi ya sa zancen asibiti ya zauna masa a zuciya har ya girma. Kin ga ta nan sun yi kama da ɗanki, shi ma maraya, shi ma gidansu ba sa son jin zancen bal karatu suke so ya yi. Yana wajen shekara 15 ya sulale ya tafi Dakar ba wanda ya sani sai abokinsa guda ɗaya. A nan ɗanki ya ajiye labarin. Abin da bai faɗa miki ba shine guduwar nan ba ta haifar da komai ba, an gano inda yake aka je aka taso ƙeyarsa aka dawo da shi gida, aka zauna aka yi magana, ya koma makaranta ya ƙarasa shekarar sannan aka ce toh je ka gwada sa'arka. Tafiyar da ta yi albarka ita ce ta biyu, wadda ya yi da sanin gida da addu'ar gida.

Kuma ko a ta biyun ba wani mai mota ne ya ɗauke shi ya kai Turai ba. Gwaji ya je cikin tarin yara, da takalmi duk ya yage da wandon da ba na bal ba, shi kansa yana ba da labarin yadda aka riƙa kallon ƙafarsa ana mamaki, ya shiga ya buga aka ga abin da aka gani, aka ɗauke shi a makarantar ƙwallo ta Generation Foot. Hajiya ki tsaya a nan ki fahimci yadda abin yake aiki don nan ne bakin zaren. Wani mutum Mady Toure ne ya kafa makarantar a 2000, a 2003 suka ƙulla yarjejeniya da kulob ɗin Metz na Faransa, Metz na zuba kuɗi ana ciyar da yara ana horar da su, su kuma in yaro ya nuna su ke fara zaɓa. Wato kuɗi daga Faransa yake gangarowa wajen yaran, ba daga adashin uwa yake hawa ba. Ta wannan ƙofar Papiss Cisse ya bi, Diafra Sakho ya bi, daga baya Ismaila Sarr da Pape Matar Sarr da Lamine Camara duk ta nan. Yaro mai ƙafa haja ne mai tsada, wanda ya gan shi yana so shi ke biya. Kin taɓa ganin wanda ya zo sayen ƙosanki ya ce ke za ki ba shi kuɗi kafin ya ci?

Sai 2011 Mane ya sauka Metz, lokacin ya riga ya cika 18, kuma ba don an raina shi aka jira ba, dokar FIFA ce ta hana a ɗauki yaron da bai kai 18 ba daga ƙasarsa a kai shi wata ƙasa buga bal, sai a wasu 'yan yanayi kaman iyayensa sun yi ƙaura can don dalilin da ba na ƙwallo ba, kuma ɗanki ba ya cikinsu. Toh yaro ɗan 16 daga Nima, ko da mutumin nan waliyyi ne ya kai shi har ƙofar kulob, ba mai iya yi masa rajista. Ina zai zauna shekara biyu, wa zai ciyar da shi, da wace takarda?

Can ɗin ma da Mane ya isa ba aljanna ya tarar ba. Cikin sanyi ya sauka, ga ciwo a matsematsi yana ɓoyewa don tsoron kar a ce ya koma gida, har sai da abin ya kai ga tiyata. Wasansa na farko da manya sai Janairun 2012, Metz kuma lokacin tana rukuni na biyu ne a Faransa, ƙarshen kakar ma suka ƙara faɗawa rukuni na uku. Abin da ya ɗaga shi gasar Olamfik ta Landan ce a 2012 inda Senegal ta kai kwata fainal, daga nan Red Bull Salzburg ta Ostiriya ta saye shi yuro miliyan 4. Ostiriya fa, ƙasar da yaran Kawukudi ko wasanta ba sa kallo. Shekara biyu ya yi can ya ci ƙwallo 45 a wasa 87 sannan Southampton ta kawo shi Ingila a 2014, a nan ne ran 16 ga Mayu 2015 ya zuba wa Aston Villa uku cikin minti 2 da sakan 56, na tuna muna gidan kallo a Mamobi wani ya fita sayen ruwan leda ya dawo ya tarar an gama, ya rantse sai dai in maimaici ake nuna mana. Liverpool ta ɗauke shi 2016 kan fam miliyan 34 yana ɗan shekara 24. Ki lissafa, daga ranar guduwa zuwa rigar da ke jikin hoton bangon ɗakinku kusan shekara tara ne, tsani huɗu, kowanne kulob ne ya biya kulob.

Ba sai mun je Senegal ba ma. Mohammed Kudus ɗan Nimar nan taku ne, ƙurar da ɗanki ke sha ita ya sha, a Strong Tower ya fara, makarantar Right to Dream da ke can wajen Akosombo ta ɗauke shi yana ƙarami tana koya masa bal da boko tare, sai da ya cika 18 a 2018 sannan ya fara buga wa Nordsjaelland ta Denmak, 2020 Ajax, 2023 West Ham. Hanya iri ɗaya sak da ta Mane, makaranta tukuna, ƙaramin kulob, sannan babba.

Ita kuma ɗayar hanyar na gan ta da idona. Akwai wani maƙwabcinmu direban tasi, Allah ya jiƙansa, ya sayar da motar da yake ci da ita ya ba wani mutum irin naki, mai turare da agogo da hotuna a waya yana tsaye da turawa. Rasit ɗin da aka ba shi a fallen littafin makaranta aka rubuta da jan biro, ni na karanta masa. An ɗauki yaron kam ba a ce ba a ɗauka ba, aka sauke shi a wani otal a wata ƙasa aka ce gobe koci zai zo, mutumin ya ce bari ya je ya canzo kuɗi, shikenan. Sai da masallacin unguwa ya yi karo-karo bayan sallar Juma'a aka dawo da yaron, ya dawo ba ya son haɗa ido da kowa, bal ɗin ma ya daina. Tsohon kuwa har ya bar duniya fallen takardar nan na cikin aljihun gaban rigarsa a ninke. Kuma kar ki ɗauka mu kaɗai ake yi wa, Edouard Mendy golan Senegal a Faransa aka haife shi, can ya tashi, amma a 2014 ejan ya yi masa alkawarin kulob ya daina ɗaga waya, ya zauna shekara guda ba kulob har ya je ya yi rajista a ofishin marasa aikin yi. Shi Allah ya yi masa gyaɗar dogo ya ci kofin zakarun Turai da Chelsea a 2021, amma nawa ne aka ji labarinsu bayan an yasar da su?

In mutumin ya dawo ki ce ya kawo lasisinsa na FIFA, don yanzu ejan sai ya zauna jarrabawa ake ba shi, ya kawo takardar gayyata daga kulob ɗin da sunan yaron a jiki, ki samu kawun yaron ko kocinsu ku kai takardun ofishin GFA, hukumar ƙwallon ƙafa ta Ghana, a duba. Ina mai tabbatar miki daga kin ambaci GFA wayarsa za ta fara samun matsalar netwok. Shi kuma yaron kar ki yi masa baki, kar kuma ki ƙona takalmin kaman yadda wasu iyaye ke yi, ku yi irin yarjejeniyar gidan su Mane, ya riƙe makaranta ya rubuta WASSCE, jarrabawar gama sakandare, ke kuma ki bar shi ya je duk gwajin da ba a karɓar kuɗi, kocinsa ya san lokacin da makarantun ƙwarai ke zagayen neman yara. Kai kuma ɗana in kana karantawa, je ka ci abincin uwarka, ba a buga minti casa'in da yunwa.

TAMBAYA: Malam mu 'yan bes ɗin ataya ne a Mamobi, musu ya ƙi ƙarewa kwana uku kenan. Manyanmu sun ce Abedi Pele, tsohon ɗan wasan Ghana, ya fi Sadio Mane nesa ba kusa ba, mu yara mun ce tsufa ne kawai ke damunsu. An yi sharaɗi wanda ya faɗi shi zai sayi ganyen shayi da sukari na wata guda. Ka raba mana gardama tsakani da Allah.
Daga matasan bes, Mamobi

AMSA: Kun jefa ni tsaka mai wuya don ni ma cikin tsofaffin nake. Ku yara ba ku ga Abedi ba, a waya kuke ganin guntu-guntu duk hoton ya dushe, mu mun gan shi, mutum ne da in ya karɓi bal da ƙafar hagu sai ka ji unguwa ta yi tsit. Gwarzon Afirka sau uku a jere, 1991 da 1992 da 1993, kuma kwanar da ya bugo ce Basile Boli ya sa wa kai Marseille ta doke AC Milan a fainal ɗin 1993, a lokacin da baƙin mutum ɗan Afirka a irin wannan fage ana ƙirga su da yatsu. Mane nasa sau biyu ne, 2019 da 2022. Ya ci kofin zakarun Turai 2019, ya ci Firimiya 2020 bayan Liverpool ta yi shekara 30 tana jira, ƙwallo 120 a wasa 269, ya raba takalmin zinare da Salah da Aubameyang a 2019 kowa da 22, kuma a 2022 shi ya zo na biyu a Ballon d'Or, kyautar gwarzon ɗan bal na duniya, bayan Benzema. Ta ɓangaren kulob in ka ce kunnen doki ba wanda zai kai ka ƙara.

Wajen rigar ƙasa ne abin ya rabu, kuma a nan zuciyata ke ciwo. Abedi na cikin tawagar da ta ɗauko mana kofi a Libiya 1982 amma yaro ne ɗan 17, ba shi ke jan ragama ba. Wanda ya ja da kansa shine na 1992, a ƙasar su Mane ma aka yi, ya yi abin mamaki har ya kai mu fainal amma katin da ya karɓa a wasan Najeriya ya hana shi buga fainal ɗin, yana zaune a gefe a Dakar Kwaddibuwa ta cinye mu 11 da 10 a fenareti. Tun 1982 ɗin nan har yau muna jira, 2010 mun je fainal mun dawo, 2015 haka.

Mane kuwa ku duba. 2017 a Gabon shi ya zubar da fenareti Kamaru ta fitar da su, sai da aka riƙe shi aka fitar da shi fili yana kuka. 2019 ya kai su fainal a Alƙahira Aljeriya ta ci su ɗaya mai ban haushi. Ran 6 ga Fabrairu 2022 a Yawunde da Masar, ko minti goma ba a yi ba ya samu fenareti gola Gabaski ya kaɗe, wallahi a gidan kallo mutane har sun fara cewa abin ya bi shi. Aka yi minti 120 ba ci, aka zo bugun fenareti, Mendy ya tare ɗaya, na ƙarshe ya faɗo kan wanda ya zubar ɗazu, ya taka ya ɗauki bal ya buga da ƙarfin da ko gola biyu ne ba za su tare ba. Kofin Senegal na farko kenan a tarihi. Watan Maris kuma ya sake yi wa Masar ɗin irinta ya kai ƙasarsa gasar duniya. Abedi bai taɓa taka gasar duniya ba, ba laifinsa ba ne shi kaɗai amma haka takarda ta nuna.

Hukuncina, wajen gwaninta da daɗin kallo Abedi ne, ba na janyewa. Amma in tambayar ita ce wa ya fi cika aiki, Mane ne. Tsofaffi su sayi ganyen shayi, ku yara ku sayi sukari don kun ce tsufa ke damunmu.

TAMBAYA: Malam me ya kori Mane daga Bayern shekara ɗaya kacal, kuma zuwansa Saudiyya ba kwaɗayin kuɗi ba ne?
Daga wani tela, Sabon Zango

AMSA: Maigida abubuwa ne suka taru. Ya je Jamus a Yunin 2022 ya fara lafiya lau, sai a Nuwamba ya ji ciwo a ƙafa a wasansu da Werder Bremen saura kwanaki a fara gasar duniya ta Katar, aka yi masa aiki, gasar ta wuce shi, da ya dawo kuma saurin nan bai dawo tare da shi nan da nan ba. Ana cikin haka aka canza koci, sannan a Afrilun 2023 bayan Manchester City ta ba su 3 da nema ya samu saɓani da abokin wasansa Leroy Sane a ɗakin canza kaya har hannu ya kai fuska, kulob ya dakatar da shi wasa ɗaya ya ci shi tara. Ban goyi bayansa ba a nan, babba ne kuma ana ganin girmansa. Ƙwallo 12 ya ci musu gaba ɗaya, a Agustan 2023 ya tafi Al-Nassr wajen su Ronaldo yana ɗan shekara 31.

Kuɗi ne mana, wa ya ce ba kuɗi ba ne? Kai da kake ɗinki in an ce ga shagon da za a ninka maka kuɗin kaftani kuma ana kiran salla a kunnenka, idonka kuma ya fara gajiya da zare allura, zama za ka yi? Mutumin da ya gina makaranta a Bambali, ya gina asibitin da aka buɗe a 2021 a garin da babansa ya rasu ba likita, ni dai ba zan tsaya ina ƙirga masa albashi ba.

Mai tambayar kulob ɗin Hearts na Accra da Kotoko na Kumashi na ga wasiƙarka, ka bari sai bayan salla, ina da surukai a Kumashi.